Lambar Rangwame

Ƙarfe sha ɗaya na dare a Jekadafari,
janaretan maƙwabci na tari kamar tsohon mashayin taba.
Ga ni, ga kwamfutar Gidado, ga littafin shago,
ga rasiɗai cikin ledar burodi,
wasu fenti ya cinye musu sifili.

Shekara guda ina sayar da ƙusoshi,
da kwanon rufi, da kwaɗon da ba ya jin magana.
Yau manhaja ta zauna gabana kamar alƙali:
nawa ka samu, nawa ka kashe?
Tambayar da ko uwar 'ya'yana sai ta kewayo take yi.

A ƙasan shafi akwai ɗan akwati fari,
wai mai lambar rangwame ya zuba ta nan.
Ina da ita.
Malam Kwairanga mai kemis ya ba ni,
a bayan kwalin maganin mura,
da rubutun nan nasa da sai shi sai Allah.

Na buga. Ta ce ba ta san ta ba.
Na sake, da yatsa ɗaya,
kamar mai tsince tsakuwa a shinkafa.
Ta ce ba ta san ta ba.
Gidado ya leƙo ta kafaɗata:
Baba, wannan ba sifili ba ne,
harafi ne, kama ce kawai ta 'yan uwa.

Muka gyara. Allo ya yi jim.
Ɗan zoben nan ya yi ta juyawa,
sai sabis ya tafi yawonsa wajen Tumfure.
Da ya dawo, sha biyu ta gota da minti huɗu.
Ta ce wa'adin wannan lamba ya cika jiya.
Jiya!
Jiyan da shayinta bai gama hucewa a kofina ba.

Da safe na kira masu ba da agaji.
Wata murya ta ba ni wata lambar,
haruffa uku, alƙaluma shida,
ta ce da ita za a gane kukana cikin kukan jama'a.
Na rubuta a tafin hannu, na hana kaina gaisawa.
Ta ce ta gode da haƙurina.
Ban ba ta shi ba, ita ta ɗauka.

Kakana, in ji Inna Dudu,
in lokacin jangali ya zo
yakan kora shanu bakwai bayan dutse,
ya bar uku gaban mai ƙirga, ya marairaice.
Nasa rangwamen ke nan, mai ƙafa huɗu da wutsiya.
Ga jikansa yana farautar nasa a kwalin magani.

Kwana uku, ina auna wa wani ƙusa rabin kilo,
saƙo ya shigo: an karɓi uzurinka.
Sabuwar lamba ta shige kamar zare a allura,
naira dubu biyu da ɗari biyar suka zube.
Na yi hamdala, na ce haraji ya sauka.
Gidado ya yi dariya har da riƙe ƙofa:
Baba, kuɗin manhaja aka rage,
na gwamnati ko kwabo bai motsa ba.

Ashe ɗan dako ne ya yi mini sauƙi,
kaya suna nan da nauyinsu.

Na biya. Takarda ta fito da hatiminta.
Na soma lissafi: katin kira ɗari takwas,
data dubu ɗaya,
man da na ƙara wa janaretan maƙwabci...
na ajiye biro.
Wani lissafin, rufa masa asiri ya fi.

Duk da haka na tsaya tashar Dukku na sayi tsire,
tsinke biyu na Gidado, ɗaya nawa.
A hanyar gida tayar mashin ta faɗa
ramin nan namu na kullum.
Na ce masa: kai, yau na biya kuɗinka,
ga rasiɗi a aljihuna.

Bai ce uffan ba.
Ƙila shi ma tasa lambar yake jira.